Wane Ne Ɗan Brazil Ɗin Da Ya Fito A Pablo Escobar?

Wani mai karatu ya rubuto cewa ya gama kallon Narcos, shirin Netflix kan rayuwar ƙasurgumin dillalin hodar iblis na Kolambiya, sai musu ya kaure tsakaninsa da abokinsa, har ya rantse cewa wanda ya fito a matsayin Pablo Escobar ɗan Kolambiya ne, abokin ya ce ɗan Brazil ne. Yana so ya san gaskiyar magana: wane ne mutumin, daga ina ya taso, kuma ko yana da wasu finafinan da suka cancanci a nema.

Malam, sai dai ka shirya kaffara, domin abokinka ne da gaskiya. Sunan mutumin Wagner Moura, an haife shi ranar 27 ga Yuni, 1976, a birnin Salvador na jihar Bahia da ke arewa maso gabashin Brazil. Lokacin da aka ba shi wannan aiki ma bai iya Sifaniyanci ba, don su a Brazil Fotugis ake yi. Mu da ba ma jin ko ɗaya daga cikin harsunan biyu mu ne muka ruɗe. 'Yan Kolambiya kuwa tun daga buɗe bakinsa suka san baƙo ne, kamar yadda za ka tsinci wanda ya koyi Hausa da girmansa ko da gaisuwa kawai ya yi maka.

Abin da nake so ka fara riƙewa shi ne, Narcos ƙaramar ƙofa ce ka shigo ta cikinta. In ka je Rio de Janeiro ka ambaci sunansa, ba Escobar ne zai fara faɗo wa mutane ba, wani kyaftin ɗin 'yan sanda ne mai suna Nascimento. A ganina duk wanda bai fahimci abin da ya faru tsakaninsa da wannan kyaftin ba, ba zai gane dalilin yawancin abin da ya zaɓa ya yi daga baya ba. Amma bari mu faro daga tushe.

A Salvador aka haife shi, amma yarintarsa a wani ƙaramin gari ya yi ta, Rodelas, can cikin busasshen yankin da suke kira sertão, a bakin kogin São Francisco. Mahaifinsa sajan ne a rundunar sojan sama. A 1988 aka kammala madatsar ruwan Itaparica don samar da lantarki, ruwa ya shanye tsohon garin gaba ɗaya, aka kwashe mutane zuwa sabon matsuguni. Yana ɗan shekara 11 a lokacin. Wato garin da ya yi wasan ƙasa a cikinsa yau yana ƙarƙashin ruwa. Yana da kimanin shekara 13 suka koma Salvador, ya shiga makaranta a matsayin ɗan ƙauye mai baƙin harshe cikin 'yan birni, kuma a nan ne ya faɗa ƙungiyar wasan kwaikwayo. Ya kafa ƙungiyar kiɗa da abokansa suka sa mata suna Sua Mãe, wanda in ka juya shi da Hausa "uwarka" ke nan, ka ga da a nan ne da tun ranar farko an watse da dambe. Digirinsa kuwa a aikin jarida ya yi shi, a Jami'ar Tarayya ta Bahia. Ka riƙe wannan ma, don ɗabi'ar ɗan jarida ba ta bar shi ba: in zai hau wani mutum, sai ya bi diddiginsa kamar mai haɗa rahoto.

A Brazil duk wanda ke son ya ci abinci da wannan sana'a, dole ya gangara kudu, Rio ko São Paulo, don a can kuɗin yake, a can gidajen talabijin suke. Mutanen arewa maso gabas kuwa an daɗe ana yi musu kallon 'yan ci-rani, masu gadi da leburori, ana kwaikwayon maganarsu don a yi dariya. Abin da ya tsallakar da Wagner wani wasan daɓe ne mai suna A Máquina, na João Falcão, a shekarar 2000. Shi da abokansa biyu 'yan Bahia, Lázaro Ramos da Vladimir Brichta, suna cikin waɗanda suka yi wasan, aka kai shi Rio da São Paulo, masu shirya finafinai suka gani, kuma dukansu ukun suka zama manyan jarumai. Ba kasafai ake samun haka daga dandamali ɗaya ba.

Sun kuma zo a kan gaɓa. A 1990 shugaba Fernando Collor ya rushe Embrafilme, kamfanin gwamnati da ke ɗaukar nauyin finafinai, harkar ta kusa mutuwa murus, har aka yi shekarun da finafinan da ƙasar ta fitar ba su wuce a ƙirga da yatsu ba. Sai aka yi dokar 1993 da ta ba kamfanoni damar zuba wani kaso na harajinsu a fim, aka kafa hukumar fim ta Ancine a 2001, masana'antar ta farfaɗo tana neman sabbin fuskoki. A 2003 kaɗai Wagner ya fito a finafinai da dama. Biyu nake so ka sani. A Carandiru, na Hector Babenco, wanda aka gina kan gidan yarin São Paulo inda 'yan sanda suka kashe fursunoni 111 ranar 2 ga Oktoba, 1992, ya fito a Zico, matashin da ƙwaya ta cinye wa ƙwaƙwalwa har ya hallaka amininsa na yarinta. A O Caminho das Nuvens kuma ya fito a magidanci mai taurin kai da ya ɗora matarsa da 'ya'ya biyar a kan kekuna daga Paraíba zuwa Rio, tafiyar sama da kilomita 3,000, wai shi ba zai karɓi aikin da albashinsa bai kai real 1,000, kuɗin Brazil, a wata ba. In ka kalli biyun a jere ba za ka yarda mutum ɗaya ba ne. A 2005 ya haɗu da Lázaro Ramos da Alice Braga a Cidade Baixa, labarin aminai biyu masu jirgin ruwa da mace ta shiga tsakaninsu, fim ɗin da aka nuna a bikin finafinai na Cannes a Faransa.

Sai talabijin. A nan dole in tsaya in yi maka bayani, don wanda bai san matsayin Globo a Brazil ba zai ɗauka fim mai dogon zango ƙaramin abu ne. Tashar ta fara aiki a 1965, kuma dirama mai dogon zango da suke kira novela ita ce jarinta. Ana nuna ta kullum daga Litinin zuwa Asabar, wata shida zuwa takwas, kashi ɗari da wani abu. Ba a gama rubuta ta kafin a fara nunawa. Marubuci yana rubutu yana sauraron abin da gari ke cewa, wanda masu kallo suka so a ƙara masa fage, wanda suka ƙi a nemo masa hatsarin mota. Ta bayan labaran dare ita ce babba, kuma jarumin da ya samu shiga cikinta, washegari ba zai iya zuwa kasuwa a ƙafa ba. Wagner ya fito a matsayin Juscelino Kubitschek yana matashi, shugaban da ya gina Brasília, a wani gajeren shiri na 2006. A 2007 kuma aka ba shi bos a Paraíso Tropical ta Gilberto Braga da Ricardo Linhares: Olavo, ma'aikacin kamfanin otal mai baƙin ciki da kwaɗayin kujera, wanda ya faɗa son wata mai zaman kanta a Copacabana, Bebel, wadda Camila Pitanga ta fito a matsayinta. Masu kallo suka yi watsi da jarumi da jarumar labarin, suka koma jiran fitowar mugu da budurwarsa. Wannan ita ce novela ta ƙarshe da ya yi. Mutumin da ya samu irin wannan karɓuwa zai iya zama a Globo har tsufa yana karɓar albashi mai tsoka, shi kuwa ya kama gabansa.

A wannan shekarar ta 2007 ne Tropa de Elite ya fito, ma'ana rundunar zaratan. José Padilha ne ya ba da umarni, kuma da wani tsohon kyaftin na rundunar aka rubuta labarin. Rundunar ita ce BOPE, wani sashe na musamman na 'yan sandan jihar Rio, masu baƙaƙen kaya, tambarinsu ƙoƙon kan mutum da wuƙa a soke. Su ake turawa unguwannin talakawa na kan duwatsu, favela, inda masu sayar da hodar iblis ke riƙe da bindigogin yaƙi. An ajiye labarin a 1997, ana shirin zuwan Fafaroma John Paul na biyu, aka ce a share wata unguwa kafin ya iso. Kyaftin Nascimento shi ne shugaban aikin. Ba ya cin hanci, wannan gaskiya ne. Amma yana rufe kan yaro da leda har ya kusa shiɗewa don ya faɗi maɓoyar ubangidansa, yana harbi kafin tambaya, hannunsa na rawa, yana haɗiyar magani a ɓoye, matarsa na da ciki yana yi mata tsawa, duk burinsa ya samu magaji ya tsere daga aikin kafin aikin ya haukata shi.

Abu biyu suka faru da fim ɗin da ba a shirya su ba. Na farko a ɗakin editin ne. Yadda aka ɗauke shi tun asali, wani matashin ɗan sanda mai suna Matias ne ke ba da labarin. Da aka zauna haɗawa aka ga duk inda Wagner ya fito hankali na komawa kansa, sai aka sake rubuta muryar mai ba da labari, aka ba Nascimento. Daga nan mai kallo ya koma ganin komai ta idon mai azabtarwa, yana jin hujjojinsa daga bakinsa, babu mai musa masa. Na biyu satar fasaha ce. Watanni kafin a kai shi sinima, kwafi ya sulale ya faɗa hannun masu sayar da faifai a bakin titi. Wani ƙiyasi da aka yi a lokacin ya ce mutum wajen miliyan 11 ne suka kalle shi ta wannan hanya, alhali waɗanda suka sayi tikiti daga baya ba su kai miliyan 3 ba. Masu harkar fim a Kano ba sa bukatar a yi musu bayanin wannan ciwo.

Sai reshe ya juye da mujiya. Padilha da Wagner sun ce sun yi fim ɗin ne don a ga yadda tsari ke mayar da mutum dodo. Jama'a kuwa suka ce ga gwarzon da suke nema. Ana tafi a sinima in an sa wa yaro leda. Kalaman kyaftin suka shiga bakin yara, musamman tsawar da yake daka wa kurata cewa wanda ba zai iya ba ya nemi a sallame shi. Mujallu suka buga hotonsa a bango a matsayin jarumin ƙasa. A ɗaya gefen kuma masu sharhi, a gida da waje, suka ce fim ɗin tallan zalunci ne. Ana cikin wannan ce-ce-ku-ce ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Berlin a Fabrairun 2008, kuma shugaban alƙalan shi ne Costa-Gavras, mutumin da ya shafe rayuwarsa yana yin finafinan adawa da mulkin danniya, abin da masu kare fim ɗin suka riƙe hujja.

Ni ra'ayina, kowane ɓangare na da rabin gaskiya, kuma Wagner da kansa yana cikin dalilin ruɗanin. Ya iya wasan fiye da yadda saƙon zai iya ɗauka. Da wani ɗan wasa mai rauni aka ba, da mai kallo ya tsaya daga nesa ya ce wannan azzalumi ne. Shi kuwa ya sa masa gajiya da tsoro da gaskiyar zuci, har kana jin tausayinsa yana tsakiyar aikata abin da ya kamata ka tsine masa a kai. Duk wanda ya taɓa zama a garin da tsoro ya hana barci ya san yadda zuciya ke karkata ga mai cewa a kashe su kawai a huta. Fim ɗin ya taɓa wannan jijiya, kuma ba ta inda masu shi suka nufa ba.

Me ya yi bayan nan? Maimakon ya bi kasuwa ya yi ta fitowa da bindiga, sai ya koma daɓe a 2008 ya yi Hamlet na Shakespeare da Fotugis, ƙarƙashin Aderbal Freire-Filho. A 2010 suka dawo da kashi na biyu na Tropa de Elite, kuma in ka lura, kashi na biyun amsa ce ga masu tafin kashi na farko. Nascimento ya tsufa, an ɗauke shi daga titi an ba shi ofis a ma'aikatar tsaron jiha. Ya murƙushe 'yan ƙwaya kamar yadda ya yi mafarki, sai ya tarar ya share wa waɗanda suka fi su sharri fili ne: ƙungiyoyin da ake kira milícia, 'yan sanda na yanzu da tsofaffi, waɗanda ke mamaye unguwa su sa wa gas da intanet da motar haya haraji, su kuma sayar wa 'yan siyasa ƙuri'un unguwar. Wanda ya zama abokin tafiyarsa a ƙarshe shi ne ɗan majalisar kare haƙƙin ɗan Adam da ya fi tsana, wanda aka gina shi kan Marcelo Freixo, ɗan majalisar jihar Rio da ya jagoranci binciken waɗannan ƙungiyoyi a 2008. A wannan karon an tsare kwafin kamar kuɗin banki. Ya sayar da tikiti sama da miliyan 11, ya karya tarihin da wani fim na 1976 ya riƙe shekara 34. A wurina na biyun ya fi na farko hankali, na farkon ya fi shi zafi.

Daga nan Hollywood ta leƙo. Ya fito tare da Matt Damon a Elysium a 2013. A 2014 ya yi Praia do Futuro na Karim Aïnouz, inda ya fito a mai ceton masu nutsewa a teku da ya bi wani Bajamushe zuwa Berlin saboda soyayya, kuma an samu waɗanda suka shiga sinima da sunan za su ga kyaftin, suka fice a fusace. Ban jin bai san hakan zai faru ba.

Yanzu mu zo kan naka. Padilha na cikin masu shirya Narcos, shi ya ba da umarnin kashi biyun farko, kuma shi ya nace sai Wagner. A zahiri zaɓin ba shi da kan gado: siririn mutum, ɗan Brazil, ba ya jin yaren. Wagner ya tattara ya tafi Medellín, garin Escobar, watanni kafin a fara ɗauka, ya shiga ajin koyon Sifaniyanci a wata jami'a ta garin, ya karanta duk abin da ya samu a kan Escobar, ya ƙara kilo kusan 18. Netflix ta saki shirin a Agustan 2015, zango biyu ya yi a ciki, kashi goma-goma, har zuwa inda aka harbe Escobar a kan rufin gida ranar 2 ga Disamba, 1993. An sa shi cikin 'yan takarar kyautar Golden Globe a 2016. Ka sake kallo ka lura da yadda ya yi wasan: ba ya ihu sai nadiran, yana jan wando sama, yana tsayawa shi kaɗai yana kallon fili kamar wanda aka yi wa rasuwa. Wannan shirun shi ke ba da tsoro.

Sai dai ciwon Nascimento ya sake dawowa. Mutumin da ya sa aka tarwatsa jirgin fasinja na Avianca a 1989 da mutum sama da 100 a ciki, wanda ke biyan lada a kan kowane ɗan sanda da aka kashe, sai ga hotonsa a riguna, samari na sa shi a fuskar wayarsu, 'yan yawon buɗe ido na tururuwa zuwa kabarinsa. Mutanen Medellín da suka binne 'yan'uwansu ba su ji daɗin wannan ba, kuma suna da hujja. Wagner ya sha faɗa a hirarraki cewa yaƙin da ake yi da ƙwaya da bindiga ya gaza, kuma talakawan ƙasashen da ake nomawa da safara su ke biya da rayukansu. Ko ka yarda da shi ko kada ka yarda, ka san dai ba don ya ɗaukaka Escobar ya yi ba. A 2015 ɗin ne kuma Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya ta naɗa shi jakadanta a yaƙi da aikin bauta.

Fim ɗin da ya fara ba da umarni shi ne ya fi nuna inda zuciyarsa take, kuma a nan akwai abin da ya shafe mu kai tsaye. Sunan fim ɗin Marighella. Carlos Marighella ɗan Salvador ne, an haife shi a 1911, ɗan gurguzu, tsohon ɗan majalisa, wanda ya ɗauki makami a kan mulkin sojan da ya riƙe Brazil daga 1964 zuwa 1985. Sojoji suka ayyana shi babban maƙiyin ƙasa, 'yan sanda suka yi masa kwanton ɓauna suka kashe shi a São Paulo ranar 4 ga Nuwamba, 1969. Mahaifinsa Ba'italiye ne, mahaifiyarsa baƙar fata ce, kuma masu rubuta tarihinsa suna danganta asalinta da Hausawan da aka kai Bahia bauta. In ka ga an rubuta wai daga Sudan aka kawo kakanninta, ba Sudan ta Khartoum ake nufi ba, tsohon sunan wannan yanki namu ne.

Ba abin mamaki ba ne. Brazil ta fi kowace ƙasa karɓar bayi daga Afirka, sama da miliyan 4, kuma ita ce ta ƙarshe a nahiyar Amurka da ta haramta bauta, ranar 13 ga Mayu, 1888. Bayan ɓarkewar jihadin Shehu Usmanu a 1804, waɗanda aka kama a yaƙe-yaƙen an yi ta gangarawa da su bakin teku, da yawansu Bahia aka sauke su. A 1807 hukuma ta bankaɗo shirin tawayen Hausawa a Salvador, a 1809 da 1814 kuma suka yi bore na gaske. Babban tawayen Musulmi na Janairun 1835, wanda aka yi a ƙarshen watan azumi, Yarabawa ne suka fi yawa a cikinsa amma da Hausawa, kuma an tsinci layu da rubutun Larabci a jikin waɗanda aka kashe. A garin da Wagner Moura ya yi samartaka da kewayensa aka yi duk wannan. Da ya tashi zaɓar wanda zai fito a Marighella sai ya ɗauki mawaƙi Seu Jorge, wanda ya fi ainihin mutumin duhun fata nesa ba kusa ba. Aka yi masa ca cewa ya baƙanta tarihi. Shi kuwa ya tsaya a kan cewa Marighella baƙar fata ne, jikan bayi, kuma ƙasar ce ta saba goge wannan ɓangare na manyan mutanenta.

An fara nuna fim ɗin a Berlin a Fabrairun 2019, wata ɗaya da 'yan kwanaki bayan Jair Bolsonaro, tsohon kyaftin ɗin soja mai yabon mulkin soja a fili, ya hau mulki. Wagner ya hau jan kafet riƙe da allon titi mai sunan Marielle Franco, kansilar Rio baƙar fata da aka harbe ranar 14 ga Maris, 2018, wadda ta taɓa aiki da Freixo ɗin nan da na ambata, kuma waɗanda suka harbe ta tsofaffin 'yan sanda ne. Ka ga abin da kashi na biyu na Tropa de Elite ya faɗa a 2010 ya fito fili. An sa ranar sakin Marighella a Brazil 20 ga Nuwamba, 2019, ranar tunawa da gwagwarmayar baƙar fata, sai takardu suka maƙale a Ancine. Hukuma ta ce ƙa'ida ce ba a cika ba, Wagner ya ce takunkumi ne aka sa masa ta bayan gida. Annobar korona ta zo ta ƙara jinkiri, bai shiga sinima ba sai 4 ga Nuwamba, 2021. In ka tambaye ni ingancinsa, zan ce fim ne mai ƙarfi amma ba gwanin ba da umarni ya yi shi ba tukuna. Ya yi tsawo, fushi ya yi masa yawa, kuma ya so jaruminsa fiye da kima. Abin da ya ba ni sha'awa shi ne, mutumin da ƙasa ta so saboda ya fito a ɗan sanda mai sa leda, shi ne ya juya kyamara ya nuna ɗakin azabtarwa daga ɓangaren wanda ke ɗaure.

Ayyukansa na Amurka ba zan daɗe a kansu ba. Ya fito a Sérgio Vieira de Mello, jami'in Majalisar Ɗinkin Duniya ɗan Brazil da bam ya kashe a Bagadaza a 2003. In yaranka sun kalli katun ɗin Puss in Boots na 2022, kyarkecin nan mai fito da lauje biyu muryarsa ce. A Civil War na 2024 ya fito a ɗan jarida, sana'ar da ya karanta. Aiki ne mai kyau, amma yawanci a gefen wani yake tsaye.

Abin da ya dawo da shi tsakiya shi ne O Agente Secreto na Kleber Mendonça Filho, a 2025, bayan ya shafe sama da shekara 10 bai ja fim da harshensa ba. Sunan na nufin ɗan leƙen asiri, amma kada ka sa ran harbe-harbe irin na Narcos. Malamin jami'a ne da matarsa ta rasu, ya taka wutsiyar wani attajiri mai ƙafa a gwamnatin soja, ya gudo birnin Recife a 1977 ana tsakiyar bikin raye-raye na Carnival, da sunan aro, yana son ya ɗauki ɗansa su bar ƙasar, makasa na bin sawunsa. A nan babu kakin BOPE, babu tumbin Escobar. Mutum ne kawai mai tsoro da ke ƙoƙarin kada tsoron ya sa ya zubar da mutuncinsa, kuma yawancin wasan a ido yake. A Mayun 2025 ya ci kyautar gwarzon jarumi a Cannes, namiji na farko daga Brazil da ya taɓa cin ta, darakta ma ya ci tasa. A Janairun 2026 ya ɗauki Golden Globe, kyautar da Escobar bai samo masa ba, aka kuma sa shi cikin 'yan takarar Oscar.

In za ka nema, ka fara da Tropa de Elite na farko, ka bi da na biyu a mako guda, kada ka tsaya a na farkon. Sannan O Agente Secreto, sannan Marighella in kana da haƙurin dogon zama. Carandiru da Cidade Baixa ka bar su sai yara sun yi barci, don finafinan Brazil ba sa kunyar tsiraici da ashar, kuma babu wanda ya tace maka su. Ka nemi masu rubutun fassara a ƙasa, ka guji waɗanda aka ɗora wa muryar Turanci, don rabin wasan Wagner a muryarsa yake.